Kiɗan da Baba Yake Ji

Alhamis, ƙarfe biyar na yamma

Littafin Baba ya ƙi buɗewa.

Da safe ya shiga ɗakin karatunsa kamar kullum, kofin shayi a hannu, tabarau a karan hanci. Ina tsakar gida ina wanki na ji ya ƙwala min kira. "Auta, zo ki gani, yau abin nan gardama yake ji." Na ɗauka 'yar kibiyar maus ce ta sake ɓace masa a allon kwamfuta, na shiga da kumfa a hannuna ina shirin yi masa tsiya.

Duk fayilolin sun yi fari, an liƙa wa kowanne wasu baƙaƙe a ƙarshen sunansa. Babi na ɗaya har na goma sha huɗu. A tsakiyar allo ga saƙo da Turanci, wai an kulle komai, mai son kayansa ya neme su ya biya. Na karanta sau biyu. Baba ya ce me suka ce? Na ce ban gane sosai ba.

Shekara talatin da biyar Baba ya yi yana aikin malamin dabbobi, shekara shida kuma yana zuba abin da ya sani a kwamfutar nan da yatsu biyu. Ciwon hanta, ciwon kofato, yadda ake gane tunkiya za ta sha wuyar haihuwa tun daga tsayuwarta. Takardunsa na hannu gara ta cinye rabi tun da daɗewa, shi ya sa ma ya koma kwamfuta, yana cewa nan dai gara ba ta san hanya ba. Sauran rabin kuwa, duk babin da ya gama bugawa sai ya miƙa wa Umma takardun ta hura gawayi.

Na ce filashin da kake ajiye kwafi a ciki fa, Baba? Ya yi murmushin wanda ya yi dabara, ya nuna min. Yana jikin kwamfutar, an ɗaure shi da zare a ƙafar tebur don kada ya ɓata. Tun ranar da na sayo masa bai taɓa zare shi ba. Shi ma an kulle.

Ba zan rubuta komai a kan ranar Talata ba.

Juma'a, bayan la'asar

Baba ya wuni da ɗan littafinsa na matakai. Ni na yi masa shifta lokacin da nake koya masa kwamfuta. Na ɗaya, kunna soket. Na biyu, danna babban maɓalli sau ɗaya ka jira, ban da ƙari. Har zuwa na goma sha biyu. Yau yana bin su da yatsa yana motsa leɓe, ya kai ƙarshe ya dawo farko.

Umma ta leƙo ta ce, "Kai ma dai, Malam, ka cika danne-danne. Ko rediyo ka samu sai ka murɗa shi ya daina magana." Da wasa ta faɗa. Bai yi dariya ba.

Ya ce da ni, "Auta, in mutum ya yi na shida kafin na biyar, zai iya jawo wannan?"

Na ce, "Ban sani ba, Baba."

Na sani sarai.

Muna cin abinci ya fara wani ɗan guna-guni a maƙogwaro, tin-tirin-tin, tin-tin. Ya kai wani waje ya tsaya, ya sake daga farko. Cokali ya suɓuce min. Umma ta ce wace waƙa ce wannan kuma? Ya ce wallahi bai sani ba, kwana uku ke nan tana yawo a kansa.

Asabar, ƙarfe uku na rana

Yaya ya bugo waya da sassafe ya ce in kai kwamfutar wajen mai gyara. Shi Yaya daga kujerar ofishinsa yake tafiyar da gidan nan, ko tsintsiya ce ta ɓata sai ya ba da umarni.

Shagon mai gyaran a ƙarƙashin wani bene yake, da fanka marar murfi da tarin matattun kwamfutoci har rufi. Ya jona ta, ya yi ta dube-dube. Can ya ce, "Wa ke aikin zane a gidanku?" Na ce ni ce. Ya nuna wata manhajar zane a allo da bakin sukundireba. "Wannan saya kika yi?" Bai jira amsata ba. "Kirak ce ko, wadda aka fasa? Da ɗan kijen ɗin nan mai ƙago lambar lasisi. Aka ce sai kin kashe antibairos mai tsaron kwamfutar kafin ya yi aiki, ke kuma kika kashe."

Na ce ai lambar ta yi aiki.

"Za ta yi mana! Yana miƙa miki lamba da hannu ɗaya, ɗaya hannun yana zare wa ɓarayi sakata. 'Yar'uwa, mutumin da bai san ki ba ya zauna ya fasa kayan tsada ya ba ki kyauta, ba ki tambayi kanki me zai ci ba?" Ya ce fayilolin ba za su dawo ba. Ko an biya mutanen, wasu su buɗe, wasu su yi gaba abinsu, shi bai ba da shawara ba. Abin da zai iya shi ne ya wanke ta tas ta koma kamar sabuwa.

To, tunda wani ya riga ya faɗa da bakinsa, bari in rubuta.

Ranar Talata laftof ɗina tana kwance ba ta kawo wuta. Mai gidan burodi yana jiran tambarin ledarsa kafin Laraba, ya kira ni sau huɗu. Manhajar gaskiya biya ake yi duk wata, ni kuwa ban taɓa biya ba, duk 'yan zanen da na sani haka muke yi, har dariya muke wa mai biya. Wata a zaurenmu na waya ta turo min inda zan sauke. Baba yana barcin rana a ɗakin da ke jikin na karatu, ƙofa a buɗe. Na zauna a kujerarsa. Akwai 'yar alamar garkuwa a kusurwar allo, Baba yana kiran ta mai gadi, kullum sai ya duba koriya ce kafin ya fara aiki. Na kashe mai gadi. Da na buɗe kijen ɗin sai ga kiɗa ya ɓarke, irin na wasan yara a tsohuwar waya, da ƙarfin gaske. Na rikice ina neman inda ake rage murya. Na ji gadon Baba ya yi ƙara, ya juya, bai tashi ba. Na gama aikina, na mayar da mai gadi, na goge tebur.

Na ce wa kaina ai har bangon littafin Baba zan zana da ita. Ƙarya nake. Burodi ne a raina.

Da na dawo gida suna zaune suna jira, Yaya yana kan waya a buɗe. Na ce, "Ya ce wani abu aka danna."

Yaya ya ce, "Aka danna? Wa ke zama a gabanta in ba Baba ba?"

Baba ya cire tabaraunsa ya goge da bakin riga.

Lahadi, da hantsi

Gobe zan faɗa.

Litinin, ƙarfe shida na yamma

Ban faɗa ba. Wani abu ya shigo.

Tsohon abokin aikin Baba ya kira shi, wai ya sami saƙon imel daga gare shi, yana cewa ya maƙale a tafiya, a taimaka masa. Mutum uku suka kira kafin azahar. Mai gyara ya gaya min hakan na iya faruwa, sun kwashe kalmomin sirrin da ke cikin kwamfutar. Na canja masa a wayata cikin minti biyar. Sauran ne ban iya canjawa ba.

Ina tsaye a bakin ƙofa na ji yana ce wa abokin nasa, "Ka yi haƙuri, ban tuna na aika ba." Baban da ke iya faɗa maka shekarar da ciwon huhu ya shiga garken wane, da launin saniyar da ta fara mutuwa, yau shi ne ke neman gafara a kan abin da yake zaton ya yi ya manta.

Na shiga ɗaki na ce wa kaina, bari ƙura ta lafa tukuna. In na faɗa yau laifin ya zama biyu, ga littafi ga kunyar da ya sha gaban abokansa. Na iya tsara dalili, wannan kam ba a bar ni a baya ba.

Laraba, ƙarfe takwas na safe

Umma ta sayo burodi. Ledar da tambarina a jiki, alkama guda uku da rana tana fitowa. Ya yi kyau ƙwarai, abin haushi. Ta ce, "Ku ga aikin Autata." Baba ya juya ledar ya duba, ya ce layukan sun fita tsaf, Allah ya yi albarka.

Na ce cikina ke ciwo, na sha ruwan shayi kawai.

Tin-tirin-tin, tin-tin. Yana yi yana wanke hannu. Kullum a waje ɗaya yake tsayawa. Ni na san abin da ke biye.

Alhamis, bayan azahar

Yaya ya zo da kansa, ya ce a zauna a falo. Ya zo da jerin abubuwa a wayarsa kamar mai karanta tuhuma. Kwamfuta. Saƙonnin da Baba bai tuna ba. Kiɗan da ba wanda ke ji sai shi. Har da ranar da ya bar butar shayi a wuta ta ƙone, abin da ya fi shekara biyu, kuma kowa ya san waya ce ta ɗauke masa hankali.

"Baba, ba raini ba ne," in ji shi. "Amma mutane suna kiran ka kana yi wa dabbobinsu allura. In wata rana ka ɗauko wadda ba ita ba fa? Ga babur, ga titi yadda ya zama. Ka huta har mu ga likita."

Na zauna ina jira Baba ya daka masa tsawa. Wallahi addu'a nake ya yi. Da ya yi faɗa da na sami wajen fakewa, in ce ai ga shi nan da ƙarfinsa, babu abin da ya lalace. Sai ya tashi ya shiga ɗaki, ya fito da jakar aikinsa, baƙar nan da hannunta ya sha ɗinki, ya ɗora makullin babur a kai, ya ajiye gaban Yaya.

Ya ce, "Ka yi gaskiya. Dabbar mutane amana ce."

Umma ta juya fuska tana gyara ɗankwali. Yaya ya dube ni ya ce, "Auta, ke ce a gida, ki riƙa sa masa ido." Na ce to.

Ni aka ba amanar sa masa ido.

Asabar, da yamma

Ya tambaye ni yau wace rana ce. Na faɗa masa. Ya ce shi ma haka ya zata, yana so ne ya tabbatar.

Lahadi, bayan la'asar

Na je ƙofar ɗakinsa sau biyu. Na farko yana salla. Na biyu ba ya komai, yana zaune ne kawai gaban kwamfutar da aka wanke, bai kunna ba. Na ce ko in kawo maka ruwa? Ya ce to.

Abin da ke tsorata ni ba faɗa ba ne, Baba bai taɓa duka na ba. Yadda yake ce min Auta ne. Duk gidan nan ni kaɗai yake bari in taɓa masa takardu. Yaya ma sai ya yi sallama ya jira, ni kuwa kai tsaye nake faɗawa in hau kujerarsa. Ina tsoron ranar da zai dube ni ya ga wata daban. Don haka na bar shi yana duban kansa yana ganin wani daban. Na rubuta wannan na karanta, na ji ƙyamar kaina, amma ban tashi na koma ƙofar ba.

Talata, ƙarfe goma sha ɗaya na safe

Matar mai walda ta shigo ko sallamar kirki babu, mayafi a hannu. Maƙwabciyarmu ce, gida uku tsakani, tun rasuwar mijinta tumakin nan ne abin hannunta. Ta ce babbar tunkiyarta ke naƙuda tun asuba, ƙafa ɗaya ta leƙo ta tsaya.

"Dakta, don Allah ka taso. Kai ka ciro mata na bara."

Wannan aikin ba ya buƙatar jaka. Sabulu ne da ruwan ɗumi da hannu, na sha riƙe masa fitila ina yarinya yana yi. Na ga ƙafarsa ta motsa tana neman takalmi. Sai ya tsaya, ya buɗe tafukan hannunsa yana kallo.

"Ki nemi wani, 'yata. Ni yanzu ban amince da kaina ba."

"Wa zan nema? Likitan gwamnati sai an haye gada, kafin ya zo fa?"

"Ki yi haƙuri."

Ina tsaye da tsintsiya. Magana ta zo min har baki. Kalma nawa ce? Baba, ni ce, lafiyarka ƙalau, tashi ka je. Na dubi matar, na ce a raina ba a gaban baƙuwa ba. Ta fita tana share hawaye. Na ci gaba da shara.

Talata, ƙarfe biyar na yamma

Kafin a samo wani ta galabaita, sai yanka ta aka yi. 'Ya'ya biyu aka tarar a cikinta.

Baba bai ci abinci ba. Ni na ci. Ban san yadda aka yi ya wuce ba, amma na ci.

Alhamis, bayan dawowa daga asibiti

Mu uku muka je a motar Yaya. Baba ya sa farar rigarsa ta zuwa taro.

Likitan matashi ne mai fara'a. Ya faɗa wa Baba abubuwa uku ya ce ya riƙe, zai tambaye shi an jima. Ya sa shi ƙirga baya-baya, ya sa shi zana fuskar agogo. Baba ya zana har da ɗan maɓallin murɗawa a gefe. Abubuwa ukun ya kawo su a jere. Da aka tambaye shi kwanan wata ne ya daburce, ya faɗa daidai, ya ce a'a, ya canja, ya juyo yana kallo na. Tsoro ne kawai, na gani a idonsa.

Likita ya ce shi bai ga abin tayar da hankali ba. Sai Yaya ya gyara zama ya buɗe wayarsa. Da ya zo kan kiɗa likita ya ajiye biro ya ce, "Baba, a kunne kake jin sa ko a ka?" Baba ya ce a ka, amma kamar ya taɓa jin sa a kunne, sai dai duk gidan an ce ba a san shi ba. Likita ya ce ya rera masa kiɗan ya ji. Dattijo mai shekara saba'in, da farar riga, ya zauna gaban sa'an ɗan cikinsa yana tin-tirin-tin. Likita ya rubuta wani abu, ya ce a dawo mako mai zuwa a ɗauki hoton kai.

A mota Baba ya ce, "Ka ga, har ya rubuta."

Asabar, ƙarfe huɗu na yamma

Zan rubuta yadda ya faru.

Bayan azahar ya kira ni ɗakin karatu, ya ce in zo da biro da takarda. Ya tura ƙofa. Ya ce, "Zauna ki rubuta, tun ina da sauran wayona. Takardun gida suna cikin akwatin ƙarfe, ƙarƙashin gado. Littattafan aikina a kai wa makarantar koyon aikin dabbobi. In abin ya yi nisa har na daina gane ku, kada ku bar uwarku ita kaɗai da ɗawainiyata, ba za ta faɗa ba amma bayanta ba shi da lafiya." Ya ƙara da cewa, "Ke na zaɓa don ke ba kya ɓoye min komai. In kin ga na fara abin kunya a gaban mutane, ki jawo ni gida."

Na rubuta har akwatin ƙarfe. Daga nan biro ya ƙi tafiya.

Yana jira na, sai ya fara, ƙasa-ƙasa, bai ma san yana yi ba. Tin-tirin-tin, tin-tin. Ya tsaya a inda ya saba tsayawa.

Na ƙarasa masa. Tirin-tirin-tan, tan-tan, har ƙarshe.

Ya ɗago kai a hankali. Ya ce, "Sake." Na sake. Ya bi ni, muka kai ƙarshe tare.

"A ina kika san shi?"

Na faɗa. Burodi, kirak, mai gadi da na kashe, gadonsa da ya yi ƙara, abin da mai gyara ya ce da abin da na dawo na ce. Saƙonnin ma ba shi ya aika ba. Ina magana ina kallon zaren da ke ƙafar tebur.

Abin da ya fara yi ban zata ba. Dariya ya yi, wata gajeriya, hawaye na zubo masa. Ya dafa kansa da hannu biyu yana cewa, "Ashe na ji shi. Ashe da gaske na ji shi. Alhamdu lillahi." Ya faɗa ya fi sau biyar. Na ji wani sanyi, har na fara zaton shi ke nan.

Sai ya goge fuska, ya mayar da tabarau, ya jawo kalandar da ke bango. Ya sa yatsa a kan Alhamis ɗin da littafin ya kulle, ya biyo kwanakin ɗaya bayan ɗaya har yau.

"Kwana goma sha shida," ya ce. "Kina kawo min ruwa."

Na ce Baba ka yafe min, littafin nan zan...

Ya ɗaga hannu. "Bar maganar littafi. Littafi daga nan ya fito," ya taɓa goshinsa, "kuma yanzu na san yana nan. Kuskure kowa na yi, ni ma na taɓa kashe ɗan maraƙi da allura ina sabon hannu, amma a ranar na je na faɗa wa mai shi. Ranar Talata da matar nan ta shigo, kina ina?"

Na ce ina tsakar gida.

"Kina ji?"

Na ce ina ji.

Ya daɗe yana kallo na. Sannan ya karɓi takardar da na fara rubutawa, ya ninke ta ya sa a aljihu. Ya ce, "Ki kira yayanki ki faɗa masa da bakinki. Gobe kuma ki je gidan matar nan."

Lahadi, da yamma

Yaya ya zo da jaka da makulli. Ya yi ta faɗa har jijiyar wuyansa ta tashi, na cancanta. Baba ya bar shi ya gama, sannan ya ce, "Kai kuma da ka zo da jerinka, ka tambaye ni ko sau ɗaya me na gani?" Umma ba ta ce min komai ba tun jiya. Ta zuba min abinci ta ajiye a ƙofar ɗaki, kamar yadda ake yi wa baƙo.

Na je gidan matar mai walda. Igiyar tunkiyar tana nan ɗaure a turke. Na yi mata bayani tun daga farko, ta saurara tana tsince shinkafa. Da na gama ta ce, "Ni fa ban san kwamfuta ba, 'yar nan. Ki gaya min abu ɗaya, Dakta lafiyarsa ƙalau?"

Na ce ƙalau.

"Tun ranar ma ƙalau yake?"

Na ce e.

Ta ajiye faranti, ta dubi turken, ta dube ni. Na ɗauka zagi zai biyo baya, na ma fi son hakan. Sai ta ce, "Allah ya kyauta. Ki ce masa ƙaramar tunkiyar tana tari."

Laraba, ƙarfe tara na safe

An soke hoton kai. Jiya Baba ya tayar da babur da bugu ɗaya, ya je ya duba mai tarin, ya dawo da littattafan rubutu guda shida irin na 'yan makaranta. Ya koma rubutun hannu. Yana fara aiki bayan shayi, ina jin ƙarar takarda daga tsakar gida. Na cire manhajar daga laftof ɗina da aka gyara, na sa wata ta kyauta ta halal, tana ba ni wuya, ina koyo. Na fita daga zauren nan ma. Babu wanda ya sa ni, babu kuma wanda ya yaba.

Ɗazu ya kira ni. Ba Auta ya ce ba. Sunana na yanka ya kira, cikakke, yadda malami ke kiran rajista. Tun da na yi wayo ban taɓa jin sa a bakinsa ba, har sai da na waiga ko da wata yake. Na je na tsaya a bakin ƙofa na yi sallama, na jira ya amsa.

Ya miƙo min shafi huɗu ba tare da ya ɗago ba. Ya ce in buga, in kawo masa a takarda ya duba, in ajiye a wuri biyu, ɗaya a zare shi a sa a aljihun tebur. Na duba kan shafin farko. Ba da ciwon hanta ya fara ba kamar wancan karon. Ya fara da abin da mutum zai yi da hannunsa idan tunkiya ta kasa haihuwa kuma babu likita kusa.

Na ce to, Baba. Ya ce in jawo masa ƙofa.

Tun ranar Asabar bai sake yin kiɗan ba. Na kasa kunne a wajen cin abinci, na kasa a wajen alwala, babu. Yanzu na zauna zan buga shafin farko, ga shi nan a kaina, tin-tirin-tin, tin-tin, ya kai inda Baba yake tsayawa ya tsaya.